Laƙabin da Matata Ta Ƙi Karɓa

Lokacin da ake maganar aurenmu, babu wanda ya gaya mini cewa matar da zan aura 'yar wasa ce. An ce mini 'yar Gummi ce, ta karanta lissafi a jami'a a Sakkwato, ba ta da yawan magana, kuma mahaifinta mai sayar da yadi ne a kasuwa, mutumin kirki. Duk gaskiya ne. Ni a lokacin malamin gona ne a ƙaramar hukumar Anka, aikina yawo a kan babur ƙauye-ƙauye, ina duba gero da wake, ina raba iri da maganin feshi. Ita kuma aka ba ta koyarwa a makarantar 'yan mata da ke cikin gari, don haka kowa ya ce abin ya yi daidai.

Ranar da aka kawo kayan ɗakinta, akwai wata doguwar jaka ta yadi da ta hana kowa ɗauka. Bayan baƙi sun watse ta buɗe ta. Wani allo ne na roba da ake naɗewa kamar tabarma, an zana masa gidaje farare da koraye, sai wasu 'yan abubuwa farare da baƙaƙe, wasu dogaye, wasu gajeru, wasu da kan doki. Ƙannena mata da suka leƙo sun ɗauka tandun kwalli ne irin na zamani. Ni na ɗauka kayan ado ne na kan kabad.

Ta ce mini wasa ne, sunansa ces. Ni dara na sani, wadda ake yi a gindin dogonyaro kusa da tasha, a tona gurabe a ƙasa, wannan da tsakuwa, wancan da kara. Na ce ashe darar Turawa ce. Ta ce in na ga dama in kira ta haka, ko da yake ba Turawa suka fara ta ba. Wata 'yar ɗakinsu a jami'a ce ta koya mata, kafin shekara ta zagayo ta fi ƙarfin wadda ta koya matan, har makaranta ta riƙa tura ta gasa a wasu garuruwa.

Ta yi ƙoƙarin koya mini, Allah ya sani. Na gane sojojin nan ƙanana da ke gaba, domin tafiyarsu miƙe take. Amma doki ya gagare ni, wai sai ya yi gaba sannan ya karkace, kuma shi kaɗai ke tsallake kan wasu. Abin da ya fi ɗaure mini kai shi ne sarki. Saboda shi ake duk yaƙin, amma taku ɗaya yake iya yi, sarauniya ce ke ratsa allon yadda ta so. Kuma ba a cin sarkin. A dara, in ka ci, ka ci, kowa ya ga hannunka cike da tsakuwa. A nan kuwa sai a ce wasa ya ƙare alhali ga mutum nan tsaye a gidansa. Da muka yi 'yan kwanaki tana cinye ni kafin shayina ya huce, sai muka haƙura da juna.

Inna, mahaifiyata, a sashenta take cikin gidanmu, kuma ba ta rasa ganin abin da ke gudana. Ta kira ni wata rana ta ce ta ga amarya na zama gaban wasu gumaka, kada dai caca ce anka kawo muna gida. Na ce ba caca ba ce, amma da ta tambaye ni to mene ne, sai na ce zan tambayo. Na je wurin malamin unguwarmu na kwatanta masa. Ya saurara, sannan ya gyara zama ya ce ai wannan shi ne shaɗaranji, ya daɗe yana karanta sunansa a littattafai, bai taɓa ganinsa da ido ba. Ya roƙi in kawo masa ya gani. Na kai masa a ɓoye cikin jakar aiki. Ya ɗauki dokin yana jujjuyawa, ya daɗe yana kallonsa kamar wanda ya haɗu da ɗan'uwan da ake ba shi labari. Daga ƙarshe ya ce malamai sun yi saɓani, wasu sun tsananta ƙwarai, wasu sun sassauta in babu kuɗi a tsakani kuma bai hana salla ba. Na tambaye shi shi wanne ya ɗauka. Ya ce in gaishe da Inna. Haka na koma gida da amsar da ban san yadda zan ba ta ba.

A hankali na fahimci cewa abin ya wuce wasan rage lokaci. Matata tana da wata lamba. Wata ƙungiya ce ta duniya, can ƙasar waje, ke riƙe da lambar kowane ɗan wasa. In ka doke wanda ya fi ka, lambarka ta hau. In wanda bai kai ka ba ya doke ka, ta sauka. Na ce kamar farashin gero ke nan. Ta yi dariya ta ce kusan haka. Sai kuma na gano tana da wata lambar ta biyu a waya, inda take wasa da mutanen da ba ta taɓa gani ba, kuma wannan ta biyun, ko ta kai sama, ba a lissafa ta a komai. Na tambaye ta don me take ɓata rai in ta sauka, tunda ba a lissafawa. Ta ce ita tana lissafawa.

Shekarar da aka katse layukan waya a jiharmu saboda matsalar tsaro, kowa ya sha wahala ta fuskarsa. 'Yan kasuwa sun rasa abokan ciniki, mu ma'aikata sai mun taka da ƙafa kafin saƙo ya isa. Ita kuwa ta rasa abokan wasa. Sai ta koma shimfiɗa allon a tsakar ɗaki bayan ta dawo daga makaranta, ta zauna ta ɓangaren farare ta yi tunani ta motsa, sannan ta tashi ta zagaya ta ɓangaren baƙaƙe ta sake zama ta yi tagumi. Wani lokaci da littafi a hannu, tana maimaita wasannin mutanen da suka mutu tun kafin a haifi kakanninmu. Inna ta leƙa wata la'asar ta gan ta tana canza wuri ita kaɗai, tana girgiza kai tana magana ƙasa-ƙasa. Ta juya ta koma sashenta. Washegari sai ga hayaƙin turare ya cika sashenmu, ga kuma ƙwaryar rubutu an aje a bakin ƙofa. Matata ta shanye rubutun tas, ta je ta yi wa Inna godiya, ta dawo ta ci gaba da wasanta.

Bayan an maido da layi, wani hutun makaranta ta ce mini akwai babbar gasa a Abuja, irin wadda ake lissafawa a lambar gaske, kuma tana so ta je. Ta ce lambarta ta matso kusa da wani matsayi, in ta haye shi za a ba ta laƙabi. Ban gane ba, amma na ga yadda ta faɗe shi. Ba ta taɓa roƙona zane ko sarƙa da irin wannan muryar ba. Na nemi izini a ofis, muka bi motar safe zuwa Gusau, kowa a motar yana addu'a har muka wuce wuraren da ake tsoro, daga nan muka kama hanyar Zariya.

A wani babban ɗakin otal ake gasar. Na zata zan tarar da ihu da kiɗa irin na filin ƙwallo, ko aƙalla gardama irin ta 'yan dara. Sai na tarar da mutane cike da ɗaki, bibbiyu suna fuskantar juna, shiru kamar ana jarrabawa. A bakin ƙofa aka karɓe wayar kowa. Ba ka jin komai sai ƙas, ƙas, ana danna wani agogo mai fuska biyu da ke gefen kowane allo. Na yi tari sau ɗaya, alƙalin wasa ya juyo ya dube ni har sai da na ji kunya. Matata tana can tsakiya da hijabinta ruwan toka, mata ba su da yawa a ɗakin, masu hijabi kuwa ita kaɗai na gani. Ranar farko ta fito ta ce mini sun yi kunnen doki da abokin wasanta. Na tambaye ta me ya sami dokin. Sai da ta dafa bango don dariya, ta ce canjaras take nufi, kamar yadda kowa ke faɗa.

Tunda zaman ciki ya gagare ni, sai na koma zama a baranda. A nan na saba da wani dattijo ɗan Legas mai furfura, wanda kowa ke kira Masta. In ya ratso, samari na miƙewa su ba shi hanya. Amma na lura takalminsa ya sha ɗinki, kuma biredi da ruwan leda yake ci da rana. Ya yi bautar ƙasa a wajen Talata Mafara tun yana saurayi, saboda haka yana jin Hausa, irin mai daɗin nan ta wanda ya koya a kasuwa. Da ya ji daga Anka nake, ya riƙe hannuna ya ƙi saki.

Shi ya yi mini bayanin laƙaban. Ya ce kamar tsani ne. A can ƙoli akwai Girandimasta, su ne manyan duniya. Ƙarƙashinsu akwai masta na ƙasa da ƙasa, sai wani a ƙasan wannan, wanda shi yake riƙe da shi, sai na ƙarshe, ɗan takarar masta. Wannan tsanin na kowa ne, mace ko namiji. Sannan akwai wani tsanin daban na mata zalla, sunayen iri ɗaya, sai dai matakansa sun fi kusa da ƙasa. Ya ce shi ya bar aikin banki yana matashi don ya hau mataki na gaba, kuma har yau yana kan hanya. Daga gasa zuwa gasa yake rayuwa, a motar haya, tsakani kuma ya koyar da 'ya'yan masu hali. Ya ce ya sha zuwa har bakin ƙofa, wasa ɗaya ya rage, sai ya kuɓuce.

Na tambaye shi in ya samu me za a ba shi. Ya ce haruffa biyu a gaban sunansa. Na ce da albashi? Ya ce babu. Na ce fili ko gida? Ya ce babu. Na ce to aƙalla akwai mutanen da za a sa a ƙarƙashinsa? Ya yi dariya har da share ido.

"Babu ko ɗaya, ɗan'uwa," ya ce. "Amma in an ba ka, an ba ka ke nan. Ba a tuɓe mutum. Ko ka tsufa ka manta yadda doki ke tafiya, da shi za a binne ka."

Na daɗe ina juya maganar. A garinmu na san abin da sarauta take nufi, akwai mai naɗawa, akwai rawani, akwai aikin da ke bin ta, kuma wanda ya naɗa yana iya tuɓewa. Wannan kuwa babu ko ɗaya daga ciki, amma ga mutum da hankalinsa ya ba ta ƙuruciyarsa duka, kuma bai yi kama da mai nadama ba. Bai kuma yi kama da mai jin daɗi ba.

Wasan da ya yanke hukunci ya faɗo ranar kusa da ƙarshe. An haɗa ta da wani injiniya mai ƙiba wanda lambarsa ta fi tata nesa. Masta ya ce mini in ta ci wannan, ta haye. Sun fara bayan azahar. Na shiga na tsaya a bayan igiyar da aka tare 'yan kallo da ita, ina kallon allon da ban iya karantawa ba, don haka sai na koma karanta fuskoki. Da la'asar ta yi, na ga ta ɗaga hannu ta yi wa wata alƙaliya magana. Matar ta raka ta lungun ɗakin ta tsaya a kanta har ta idar da salla, agogonta kuwa yana ta tafiya, domin ba a tsayar wa kowa. Ta dawo ta zauna kamar ba ta tashi ba.

Sauran alluna suka ƙare ɗaya bayan ɗaya, mutane suka taru a kan nasu. Na ga sarauniyarta ta tafi, aka aje ta a gefe. Na ɗauka shi ke nan, domin abin da na riƙe daga darasina shi ne sarauniya ce mai ƙarfi. Ga 'ya'yan wasan injiniyan sun fi nata yawa, ko makaho ya shafa zai gane. Can wajen magariba mutumin ya daɗe yana kallon allon, ya cire tabarau ya goge, sannan ya tsayar da agogo ya ɗan sunkuyar da kai gare ta, tunda ya san ba ta musabaha da maza. Ta sa hannu a takardar wasan ta taso. Fuskarta a ɗaure, idanunta sun yi ja. Na tare ta na fara ba ta haƙuri, ina cewa komai nufin Allah ne, wata shekarar ma rana ce. Ta dube ni kamar ba ta san ni ba, ta ce ai ita ta ci. Da gangan ta ba da sarauniyar. Mutumin ya hango abin da zai same shi nan gaba kaɗan, shi ya sa ya sallama.

Matan da ke wurin suka kewaye ta suna rungumarta. Masta ya zo ya ce daga yau ta cancanci matakin farko na tsanin mata, 'yar takarar masta ta mata, abin da ya rage kawai ta nema a rubuce a tura can waje a tabbatar. Ni murna ta kama ni, na karɓo wayata na kira gida. Na ce wa Inna surukarta ta ci, an ba ta laƙabi. Inna ta ce a maimaita mata. Na maimaita. Ta ce, "Sarauta anka ba ta? Wa za ya naɗa ta?" Na ce ba irin wannan ba ce, amma layin yana yankewa, kuma na ji ta riga ta juya tana gaya wa matan gida. Na kira surukina a Gummi, na yi ƙoƙarin faɗin sunan laƙabin daidai yadda aka faɗa mini. Kafin mu kwana labari ya isa Bukkuyum wurin kawuna, wanda bai riƙe komai daga ciki ba sai kalmar 'yar takara. Ya kira ni yana faɗa, wai ta yaya matata za ta tsaya takara ban shawarce shi ba, kuma a wace jam'iyya, kujerar me.

A hanyar dawowa, mun wuce Funtuwa, tana ta kallon gonakin dawa ta taga, sai ta ce mini a hankali ba za ta nemi laƙabin ba.

Na ɗauka ban ji daidai ba saboda ƙarar mota. Ta sake faɗa. Na tambaye ta ko wani ya ɓata mata rai, ta ce a'a. Ko akwai kuskure a lissafin, ta ce babu, ta haye sarai. Na ce to ba don wannan muka baro gida muka ratsa dajin nan ba? Ta ce ita ma da haka ta zata, har zuwa lokacin da mutumin ya tsayar da agogo.

"Malam, namiji na doke," ta ce. "Allo ɗaya, agogo ɗaya. Da shi ne ya kai lambar da na kai, ba abin da za a ba shi, sai a ce ya ƙara himma. Ni kuma an ce ta isa, wai don ni mace ce. Dokina bai san ni mace ba ce."

Ta ce za ta jira har ta kai matakin farko na tsanin kowa da kowa. Na tambaye ta yana da nisa. Ta ce da nisa sosai, mai yiwuwa ma ba za ta kai ba. Ban yi fushi ba, amma har muka isa Gusau ina ta tunanin abin. Duk tambayar da na ɗauko sai in ga ban san ta inda zan kama ta ba.

Mun tarar surukina ya riga ya sayi rago, an sa ranar walima a Gummi, kuma ba a fasa irin wannan. Muka je da Inna da ƙannena. Kawu ya zo daga Bukkuyum da babbar riga, har yanzu bai gama yarda cewa babu siyasa a ciki ba. Bayan an ci an sha, surukina ya kira 'yarsa zaure, ni ma ina zaune, ya ce ta yi masa bayani da bakinta. Ta durƙusa ta yi bayanin tsani biyu, a hankali, yadda take yi wa ɗalibanta. Ya saurara har ƙarshe, yana murza carbi.

"To ɗiyata, an ba ki, ko ba a ba ki ba?"

"An ce in zo in amsa, Baba. Ni ce ban tahi ba."

Ya aje carbin. Sannan ya ce shi dai ya san yadi, in an auna wa mutum biyu da ma'auni daban to akwai magana, amma kuma bai taɓa ganin wanda aka miƙa wa kyauta ya ce a ƙara mata nisa ba. Ya ce Allah ya yi mata albarka, rago dai an riga an yanka.

Inna ba ta bar maganar nan ba. A mota muna komawa Anka ta ce ita ba ta ga aibin sarautar mata ba. Ta ce tun tana yarinya akwai Magajiya a gari, ana girmama ta, kuma ba ta taɓa jin Magajiya ta ce sai an ba ta Galadima ba. Na ji maganar ta shige ni, na ce a raina Inna ta gama magana. Matata ta sunkuyar da kai ta ce gaskiya ne, Inna, sai dai aikin Magajiya daban, na Galadima daban, ita kuwa aiki ɗaya suke yi da mazan. Nan ma na ji ta shige ni. Inna ta ce to ita dai ba ta gane ba, amma duk wanda ya tambaye ta za ta ce an ba surukarta sarauta, don ba za ta koma gida-gida tana warware abin da ta riga ta faɗa ba.

Na zata abin zai tsaya nan, ya zama mu ne ba mu gane ba, su 'yan wasa sun gane. Sai wata mata ta kira ta daga Kaduna, babba ce a wasan, ta girme ta, kuma tana riƙe da laƙabin mata tun da daɗewa. Ina tsakar gida ina gyaran babur, ina jin rabin maganar. Daga baya matata ta ba ni sauran. Matar ta ce mata da wannan laƙabin da matata take rainawa ita ta buɗe ajin koyar da 'yan mata, domin iyaye ba su san lamba ba, haruffan suke gani su kawo 'ya'yansu. Ta ce an yi tsanin mata ne saboda mata sun yi ƙaranci a wasan, kuma matata da ta fito daga inda ta fito ta fi kowa sanin dalili. Ta ce mace ta farko daga yankinmu da ta kai nan, in ta ƙi karɓa, wace yarinya ce za ta san an taɓa kaiwa. A ƙarshe ta tambaye ta ko tana ganin su da suka karɓa ba su da zuciya ne.

Kwanaki matata ba ta shimfiɗa allon ba. Tana zuwa makaranta, tana dawowa, tana girki, amma jakar tana rataye. Na yi tsammanin za ta sauya ra'ayi. Ba ta sauya ba, kuma ba ta ce matar ta yi kuskure ba.

Bayan haka abubuwa suka bi ta kanmu kamar yadda suke bi ta kan kowa. Wata makaranta mai zaman kanta a Kaduna ta nemi mai koyar da ces, aikin da zai kai ta kusa da gasanni, ni ma na fara tunanin neman canjin wurin aiki. Suka ce mai laƙabi suke so. Aka ɗauki wata wadda matata ta sha dokewa. Sai haihuwa ta zo, muka sami 'yarmu ta fari, ta daɗe ba ta je ko'ina ba. Da ta koma gasa, da goyo da ƙanwata mai riƙe mata, sai ta tarar samari sun taso da kwamfuta a hannu, sun haddace abin da ita take tunani a kansa. Lambarta ta sauka ƙasa da inda take ranar Abuja. Na ce shi ke nan, laƙabin matan ma ya tafi. Ta ce a'a, tunda ta taɓa hayewa, yana nan yana jiranta, ko yaushe ta so ta nema. Wato abin da ta ƙi ba ya tafiya, abin da take so kuma yana ƙara nisa.

Masta ma na ji labarinsa daga bakinta. Ya samu sakamakon ƙarshe da ya daɗe yana nema, a wata gasa a ƙasar waje, aka yi ta taya shi murna. Amma laƙabinsa yana bukatar abu biyu, sakamakon da kuma lamba, lambarsa kuwa ba ta taɓa kaiwa ba, kuma tsufa yana ja da ita ƙasa. Na ce a ba ni shi a waya in yi masa jaje ko barka, ban san wanne ba. Ya ɗauka da fara'a, ya tambaye ni damina, ya ce yana cikin mota zuwa wata gasar.

Ba da daɗewa ba, wata yamma ina zaune a tsakar gida ina tsince irin wake, ta fito da 'yar a kafaɗa ta zauna a bakin tabarmar. Tun da aka fara wannan magana ba ta taɓa neman ra'ayina ba, sai ranar.

"Malam, kai mi kag gani? In amsa?"

Na aje faifan. Na fara da cewa ta karɓa, saboda 'yan matan makarantarsu da take koya wa wasan a ƙarƙashin bishiya ranar Alhamis, da kuma mahaifinta da ya tsufa. Ina cikin faɗa sai na tuna fuskarta a mota bayan Funtuwa, na ce amma kuma in ta karɓa alhali zuciyarta ba ta karɓa ba, kullum ta ga haruffan za su riƙa yi mata nauyi. Sai na ce amma ai karɓar wannan ba ta hana neman wancan. Sai kuma na ce ko da yake mutum in ya zauna a inuwa, tashi yana wuya. Na ji kaina ina zagaye wuri ɗaya.

Ta ce abin da take yi ke nan a ranta kullum, ta ɗauka ni da nake waje zan fi ta gani.

Har yau ba ta nema ba, kuma ba ta ce ta fasa har abada ba. Hutun da ke tafe akwai gasa a Kaduna, ta riga ta sa sunanta. Na tambaye ta, in Allah ya sa wata rana ta kai matakin nan na kowa da kowa, shi ke nan sai ta huta? Ta gyara wa 'yar kwanciya, ta ce akwai wani a samansa. Na ɗauki faifan na ci gaba da tsince wake, ita kuma ta tashi ta duba tukunya.